Yaushe rabon ma'aikacin jinyar unguwarku da komawa aji?

A daminar bara, wani daren Alhamis bayan sallar isha'i, ƙanwata ta bugo mini waya murya na rawa. Ɗanta mai shekara uku jikinsa ya yi zafi rau, ya yi amai har sau uku, ko ruwa ba ya zama a cikinsa. Kamar yadda kowa yake yi a layinmu, ba asibiti muka fara nufa ba, gidan Baba muka nufa.

Ba zan faɗi sunansa ba. Tsohon anfirmiye ne mai diplom na gwamnati, ya yi aiki shekaru masu yawa kafin ya yi ritaya, kuma duk unguwa Dokta ake ce masa. Wanda ya zauna a Kilomita Biyar a 2014 ya san abin da irin su Baba suka yi mana. Lokacin da ƙetare gadar Jackson ya zama sayar da rai, shi ne ya ɗinke raunuka a tsakar gidansa, shi ne aka riƙa tasowa da tsakar dare ya zo da tocila ya duba mai naƙuda. Akwai yara a ajina yau da ba don Allah ya sa yana nan ba, da ba a san su ba. Saboda haka duk abin da zan faɗa a nan, da girmamawa zan faɗe shi.

Baba ya taɓa goshin yaron, ya buɗe idonsa ya duba, ya ce palu ne. Ya jawo jakarsa ya fito da kwalbar kinin, ya ce a kwantar da shi rubda ciki a yi masa a ɗuwawu. Sai na ce, "Baba, ba za a fara ɗiga jinin nan na yatsa a gani ba?" Ya dube ni ta saman tabarau ya ce, "Malam, tun kafin a haife ka nake yin allurar nan." Kuma gaskiya ya faɗa. Na rasa abin cewa, ƙanwata ce ta yi ƙarfin hali ta ce a yi mata haƙuri, uban yaron ya ce a kai shi asibiti. Muka hau moto zuwa asibitin yara na Bangui. Can aka gwada, palu ɗin ne kuwa, mai tsanani. Aka sa masa artesunat ta jijiya, bayan kwana uku muka dawo gida da shi yana neman biskit.

Baba bai yi kuskure wajen gane cutar ba. Maganin da ya ɗauko ma magani ne na gaske, wanda a zamanin da ya yi karatu shi ne gaba da kowane. Abin da ya faru kawai shi ne ilmin ya yi gaba, kuma babu wanda ya zo ya gaya masa.

Abin da ya sauya a kan palu kaɗai

Mu ɗauki wannan cuta guda ɗaya da kowane gida ya sani. Iyayenmu da Nivaquine suka rene mu, wato kulorokin. Ƙwayar cutar ta saba da shi har ya daina aiki, aka koma haɗin magunguna masu artemisinin, irin su Coartem. A 2010 Hukumar Lafiya ta Duniya, OMS, ta ce a daina bai wa duk mai zazzaɓi maganin palu da ka, a fara gwada jini tukuna, domin ba kowane zafin jiki ne palu ba. A wannan shekarar kuma aka fitar da sakamakon wani babban bincike mai suna AQUAMAT, wanda aka yi a kan yara sama da 5,000 a ƙasashen Afirka tara. Ya nuna cewa idan palu ya yi tsanani, yaran da aka yi wa allurar artesunat sun fi tsira a kan waɗanda aka yi wa kinin, mace-mace suka ragu da fiye da kashi 20 cikin 100. Daga 2011 artesunat ya zama zaɓin farko. Kinin bai zama haram ba, ana komawa gare shi idan babu wancan, amma ko shi ɗin idan za a yi shi a tsoka, a gaban cinya ake so. Allurar kinin a ɗuwawu tana iya taɓa babbar jijiyar ƙafa, kuma da yawa cikinmu mun san wani da ke jan ƙafa tun yana ƙarami, aka ce iska ce ta taɓa shi.

Ba a nan ya tsaya ba. A 2015 an sake gyara ma'aunin artesunat ɗin kansa: babba da yaro mai nauyi ana ba su miligiram 2.4 a kowane kilo, amma yaron da bai kai kilo 20 ba miligiram 3 ake ba shi. Wato ko wanda ya koyi sabon maganin a 2012, idan bai sake komawa aji ba, zai riƙa bai wa ƙananan yara ƙasa da abin da ya kamata. Sannan a watan Mayun 2024 ƙasarmu ce ta farko da aka sauke wa rigakafin palu na R21 domin shigar da shi cikin rigakafin yara na yau da kullum, sama da allura 43,000 suka sauka a Bangui. Uwa za ta tambayi anfirmiye sau nawa ake yi, me zai faru idan an tsallake ɗaya, ko wanda aka yi wa zai daina kwana a gidan sauro. Duk wanda ya gama makaranta kafin wannan shekarar bai karanta amsar a aji ba.

Cuta ɗaya ke nan fa, a cikin shekara goma sha biyar.

Yadda ake yi a Kano

Ina da 'yar ƙanen mahaifina da rikici ya kai su Garoua-Boulaï, daga can aure ya kai ta Kano, ta shiga makarantar jinya, yanzu tana aiki a wani asibiti a cikin birni. Da na ba ta labarin daren nan ta waya, sai ta yi dariya ta ce, "Yaya, mu nan ai takardarmu mutuwa take yi." Ban gane ba sai da ta yi mini bayani.

A Najeriya abu biyu ne daban. Akwai takardar gama makaranta, wadda taka ce har abada. Akwai kuma lasin aiki, wanda Majalisar Kula da Aikin Jinya da Ungozoma ta ƙasar take bayarwa. An kafa majalisar da dokar 1979, ita ke amincewa da makarantun jinya, ita ke shirya jarrabawar ƙarshe, ita ke riƙe da rajistar duk wanda aka yarda ya taɓa marar lafiya da sunan nas ko ungozoma. Tsarin da aka daɗe ana bi shi ne lasin yana da wa'adi, idan ya ƙare sai an sabunta. Kuma tun 2010 aka ɗaura sabuntawar da wani shiri na ƙarin ilmi na dole da suke kira MCPDP. Kwamitoci a jihohi ke shirya shi. Mutum ya biya kuɗi, ya zauna a aji kusan mako guda a kan wani fanni, a gwada shi a farko a kuma gwada shi a ƙarshe, a ba shi shaida mai maki. Sai ya tara makin da aka ƙayyade sannan ya nemi sabon lasin ta intanet. Wanda ya bari lasinsa ya mutu akwai tara, kuma idan ya je neman aiki ko ƙarin karatu, lasi mai rai ake tambaya.

Ba Najeriya ce ta ƙirƙiro wannan ba. A Birtaniya tun watan Afrilun 2016 duk shekara uku ma'aikacin jinya sai ya nuna ya yi aiki awa 450, ya yi karatun ƙari awa 35, kuma 20 daga ciki tare da wasu mutane ba shi kaɗai gaban kwamfuta ba, sannan ya rubuta bayani biyar a kan abin da ya koya daga aikinsa. A jihar Kalifoniya ta Amurka awa 30 ne duk shekara biyu. Faransa, wadda tsarin karatunmu ya samo asali daga nata, ta shigar da wajabcin ƙarin ilmi cikin dokar lafiya ta 2009, daga baya ta mayar da lissafinsa duk shekara uku.

Mu kuwa abin da muke gani rataye a bangon ɗakin shan magani, cikin gilashi, diplom ne. Diplom kuma yana ɗauke da ranar da aka bayar da shi, ba ya ɗauke da ranar ƙarewa. Ban taɓa ganin marar lafiya ya ɗaga kai ya karanta shekarar da ke jiki ba, ni ma sai bayan daren nan na fara.

Ba na son in zana Kano kamar aljanna. 'Yar'uwata da kanta ta ce akwai masu zuwa su sa hannu da safe su ɓace sai ranar karɓar shaida. Akwai kukan kuɗi, domin daga albashin da bai kai wata ba ake cire kuɗin kwas da na mota da na sabuntawa. Nas ɗin da ke ƙauye ita kaɗai, idan ta tafi birni mako guda, rufe asibitin ake yi. Akwai kuma wani abin da ba a zata ba: lasi mai rai ya zama kamar fasfo. A farkon 2024 shugaban majalisar ya ce ma'aikatan jinya 42,000 sun bar Najeriya cikin shekara uku, majalisar ta fito da ƙa'idar cewa sai mutum ya yi aiki shekara biyu kafin a tantance masa takardu zuwa waje, ma'aikatan suka fito zanga-zanga a Abuja da Legas. Duk da haka, da na tambaye ta ko gara a soke, sai ta ce a'a. Ta ce ko mai barci a aji yana farkawa ya ji abu ɗaya, kuma abu ɗayan nan wata rana rai ne.

Na yarda da ita, domin na san irin wannan a aikina. Mu malamai ma ana tara mu bita lokacin hutu, rabinmu don kuɗin zama muke zuwa, ba na cire kaina. Amma yadda nake koyar da karatu a aji ɗaya yau ba yadda aka koya mini a makarantar horar da malamai ba ne, kuma a irin wannan bitar da muke rainawa na tsinci bambancin. Sai dai ni idan na yi kuskure, yaro ya maimaita aji. Kuskuren anfirmiye ba a maimaita shi.

Wanda ke ganin wannan baƙon abu ne na Turawa, ya koma tarihinmu. A shekara ta 319 bayan Hijira, wato 931, wani marar lafiya ya mutu a Bagadaza saboda kuskuren mai magani. Halifa Muƙtadir ya hana kowa yin aikin likita sai Sinan ɗan Sabit ya jarraba shi ya ba shi izini, kuma masu tarihi sun ce mutum fiye da 860 aka jarraba. Malaman fiƙihu ma sun yi magana a kan wanda ya shiga yi wa mutane magani ba tare da an san shi da ilmin ba, suka ce idan ya yi ɓarna lamuni yana kansa, bisa hadisin da Abu Dawuda da wasu suka ruwaito. Tambayar da zan so malamanmu na Babban Masallaci su duba mana ita ce: wanda ya san ilmin shekara talatin da suka wuce, ilmin kuma ya sauya bai bibiya ba alhali yana da hali, ina matsayinsa?

Ɗakin haihuwa

Inda abin ya fi tsorata ni shi ne wajen mata. Ƙiyasin Majalisar Ɗinkin Duniya na 2020 ya sa ƙasarmu cikin mafi muni a duniya, mata sama da 800 ke mutuwa a kowace haihuwa 100,000. Babban abin da ke kashe su zubar jini ne bayan haihuwa, kuma nan ma ilmin ya yi tafiya mai nisa cikin 'yan shekaru. Allurar ositosin da ake yi wa mace da zarar ta haihu tana son sanyi, idan ta daɗe cikin zafi ƙarfinta raguwa yake yi. A garin da wuta ke ɗaukewa kullum, ungozoma tana iya yin allurar daidai amma ruwa kawai ta zuba. A 2017 OMS ta ce a riƙa ba mai zubar jini wani magani mai arha, tranexamic acid, kuma a ba ta cikin awa uku da haihuwa, bayan haka ba ya amfani. A 2023 aka fitar da binciken E-MOTIVE, wanda aka yi a asibitoci 80 a Najeriya da Kenya da Tanzaniya da Afirka ta Kudu a kan mata sama da 200,000, kuma Farfesa Hadiza Galadanci ta Jami'ar Bayero da ke Kano tana cikin jagororinsa. Abin da suka gwada ba wata na'ura mai tsada ba ce. Leda ce mai ma'auni da ake shimfiɗa wa mai haihuwa don a ga yawan jinin da ido maimakon a yi kirdado, sannan idan ya kai iyaka a yi duk matakan ceto lokaci guda, ba a yi ɗaya a zauna jiran a gani ba. Zubar jini mai tsanani da abin da ke biyo bayansa ya ragu da kashi 60 cikin 100.

Wannan ba magani ne da za a ce babu kuɗin saye ba. Yawancinsa sabo ne na hannu, kuma ba ya shiga hannun ungozoma sai an tsayar da ita an nuna mata, ta yi, an gyara mata.

Horon da muke da shi, wanda ba a lissafa ba

Kar a fahimce ni cewa ma'aikatanmu ba sa samun horo. Suna samu, wasu ma har ya yi musu yawa. Tun daga ƙarshen 2013 ƙungiyoyin agaji suka shigo, likitocin MSF suka yi aiki a cibiyar Mamadou M'Baïki da gidan haihuwa na Gbaya Dombia a nan cikin unguwa, da na Castors a maƙwabta. Matasanmu da yawa a wajensu suka koyi aiki, wasu suka ƙware sosai. Da korona ta zo aka yi bita, da ƙyandar biri ta ɓulla a Bangui a 2024 aka sake yin wata.

Matsalar ita ce horon yana bin kuɗin mai bayarwa. Idan wannan shekarar kuɗin na ƙanjamau ne, kowa ƙanjamau zai koya, ko da hawan jini da ciwon suga ne ke cika layin asibiti. Takardun shaidar suna taruwa a cikin akwati, kowace da tambarin ƙungiya daban, babu inda ake haɗa su a ce wance ta yi awa kaza bana. Sunayen da ake turawa kuma sau da yawa su ne dai na jiya, na shugabanni da na kusa da su, saboda akwai kuɗin zama. Wanda ke gadin dare, wanda shi ne zai karɓi yaron da ke suma da ƙarfe biyu, shi ake bari ya riƙe wuri. Idan ƙungiya ta naɗe tabarmarta, horon ya bi ta.

Sannan akwai tarin mutanen da ba sa cikin kowane lissafi. Akwai masu ritaya irin su Baba. Akwai masu ƙananan ɗakunan shan magani na kansu. Akwai sekuris, masu agajin farko da rashin ma'aikata ya mayar da su anfirmiye, kamar yadda rashin malamai ya cika makarantun ƙauye da waɗanda iyaye ke biya, metir-paran. A lardi su ne asibitin. A unguwarmu ma, mu faɗa wa kanmu gaskiya, shekarun da aka rufe mu sun koya mana fara zuwa wajen namu kafin mu fita waje, kuma wannan sabon bai sake mu ba ko da hanya ta buɗe.

Shi ya sa nake ganin kwafo tsarin Najeriya yadda yake, a ce biya kuɗi ko a hana ka aiki, ba zai yi mana ba. Ƙasar da ma'aikatan jinya ba su ishe ta ba, ba ta da halin korar waɗanda take da su. Abin da za a iya ɗauka daga can shi ne lissafin. Kowane ma'aikaci ya sami karne guda, kamar na rigakafin yara, duk horon da ya yi, ko na wace ƙungiya ne, a rubuta a ciki ma'aikatar lafiya ta buga hatimi. A ƙayyade abubuwan da dole kowa ya sabunta duk 'yan shekaru: palu mai tsanani, zubar jinin haihuwa, farfaɗo da jaririn da bai yi kuka ba, tsabtar allura. Tsangayar kimiyyar lafiya ta Jami'ar Bangui da makarantar horar da ma'aikatan lafiya ta Croix-Rouge suna da malaman da za su iya. A yi shi a wurin aiki da yamma ba a otal ba, a yi da Sango idan Faransanci ya yi nauyi, kuma a buɗe ƙofa ga duk wanda mutane ke zuwa wajensa, ko yana cikin albashin gwamnati ko ba ya ciki. Kafin gwamnati ta motsa, kwamitin kula da cibiyar lafiya, COGES, yana da 'yan unguwa a ciki, suna iya tambayar wa aka tura bita bana, wa aka tura bara. 'Yan kasuwarmu da ke gina masallatai, Allah ya saka musu, kuɗin buhun siminti ashirin zai zaunar da ungozomomin unguwa a aji kwana biyu.

Ga iyayen da ke tura 'ya'yansu Kano ko Maiduguri karatun jinya, ku tabbatar makarantar tana cikin waɗanda majalisar can ta amince da su, domin in ba haka ba yaro zai gama ba a ba shi lasi ba. Idan ya dawo gida, ya je ma'aikatar lafiya ya bi hanyar da za a amince da takardarsa a nan. Ya kuma tuna lasin can yana mutuwa ko yana aiki da shi ko ba ya yi.

Bayan sati biyu da sallamar yaron na koma gaida Baba, don kar ya ɗauka mun raina shi. Na tafi masa da shafi huɗu da na buga a siber, na ƙa'idar maganin palu mai tsanani. Na yi zaton zai ajiye a gefe. Sai ya sa tabarau ya karanta har ƙarshe, ya sa yatsa a kan wurin miligiram 3 ya ce, "Wannan fa tun yaushe?" Na ce, "Tun 2015, Baba." Ya yi shiru, sannan ya ce a 2015 ko gawa ba ma iya fitarwa zuwa maƙabarta, balle takarda ta shigo.

Da zan tafi ya ce in tambayar masa ko ana barin mai ritaya ya zauna a bayan aji idan ana bita, ba ya son kuɗin zama, kujera kawai. Na je wata cibiya na tambaya. Aka ce mini jerin sunaye daga sama yake zuwa, kuma na ma'aikata ne kawai, amma in rubuto takarda a gani. Na rubuta na kai tun watan Nuwamba.